Tambayoyi da amsoshi kan `ax=None`: a ina fonksiyon ɗinka zai zana graf ɗinsa?

Waɗannan tambayoyi ne da ke yawan fitowa daga bakin ƴan uwanmu masu koyon Python a nan Damagaram, galibi ɗaliban jami'ar André Salifou masu rubuta memuwar, da ma'aikatan da ke haɗa rahoto kan ruwan sama ko farashin hatsi. Duk a wuri ɗaya suke cijewa, mutum ya rubuta fonksiyon nasa na zane da Matplotlib, laburaren zana graf na Python, yana aiki lafiya lau in shi kaɗai ne, ranar da aka ce a jera graf uku a shafi guda sai komai ya rikice. Na tara su a nan yadda ake yi min su.

Malam, wai mene ne ma wannan `ax` da nake gani a kod ɗin mutane?

A Matplotlib abubuwa biyu ne manya. Akwai `Figure`, shi ne shafin gaba ɗaya, wanda ake ajiyewa ya zama hoto. Sai `Axes`, filin zane guda ɗaya cikin shafin, da layinsa na kwance da na tsaye da takensa da duk abin da aka zana a ciki. Shafi ɗaya yana iya ɗaukar fili ɗaya ko shida ko ashirin. `ax` kuwa gajeren suna ne kawai da mutane suka saba ba wa fili, ba dokar Python ba ce, amma sauran laburare na Python masu zane irin su pandas da seaborn da GeoPandas duk shi suke amfani da shi, don haka kai ma ka bi sahu kada ka ƙirƙiro wani suna.

John Hunter ne ya fara Matplotlib a 2003, kuma ya yi ɓangaren `pyplot` ne don ya yi kama da MATLAB, wata manhajar lissafi da zane, inda kake cewa zana kawai ba ka faɗi a ina ba, shi kuma ya zaɓi filin da yake riƙe da shi a lokacin. Wannan sauƙin shi ne asalin duk matsalolin da ke ƙasa.

To yaya ake rubuta fonksiyon ɗin ya karɓi fili in an ba shi, in ba a ba shi ba ya nemo da kansa?

Ga shi, bai fi layi shida ba:

```python
import matplotlib.pyplot as plt

def zana_ruwa(watanni, ruwa, *, ax=None, **kwargs):
    if ax is None:
        _, ax = plt.subplots()
    ax.bar(watanni, ruwa, **kwargs)
    ax.set_ylabel("Ruwan sama (mm)")
    return ax
```

In ka kira `zana_ruwa(watanni, ruwa)` zai buɗe shafinsa ya zana. In kuma kana so ka jera Magarya da Mirya da Tanut gefe da gefe don a ga yadda ruwa ke raguwa daga kudu zuwa arewa, sai ka buɗe shafin kai da kanka ka riƙa miƙa mishi fili ɗaya ɗaya:

```python
fig, axs = plt.subplots(1, 3, sharey=True, figsize=(12, 4))
for ax, gari in zip(axs, ["Magarya", "Mirya", "Tanut"]):
    zana_ruwa(watanni, ruwa[gari], ax=ax)
    ax.set_title(gari)
fig.savefig("ruwa.png", dpi=200)
```

Wannan tauraron da ke zaune shi kaɗai kafin `ax` a layin `def zana_ruwa` yana tilasta wa mai kira ya rubuta `ax=` da sunansa. Amfaninsa sai gaba kake gani, ranar da ka ƙara wata paramita a tsakiya, tsofaffin kira ba za su tura fili wurin da bai dace ba.

In ba a ba ni fili ba, `plt.gca()` zan yi ko `plt.subplots()`? Kowa da abin da yake cewa.

Ai dole kowa ya ce nasa, domin manyan ma ba su haɗu a kan magana ɗaya ba. `plt.gca()` yana cewa ba ni filin da ake kai yanzu, in babu ko ɗaya ka buɗe sabo. `plt.subplots()` kuwa ba ya tambayar kowa, sabon shafi yake buɗewa kowane kira. Fonksiyon na seaborn irin su `scatterplot` da `lineplot` da `histplot` hanyar `gca` suke bi. A pandas kuma abin ya rabu biyu cikin gida ɗaya: `Series.plot()` yana hawa filin da ya tarar a buɗe, amma `DataFrame.plot()` sabon shafi yake buɗewa, shi ya sa wani lokaci layukanka su haɗu a graf ɗaya wani lokaci su watse, ka rasa dalili.

Ni yadda nake rabawa, ka tambayi kanka abin da fonksiyon ɗin ke zanawa. In ƙari ne a kan zanen da yake nan, misali layin matsakaicin ruwan shekara, ko inuwa a kan watannin damina daga Yuni zuwa Satumba, to `gca` ya dace, domin aikinsa ke nan ya hau kan abin da ya tarar. In kuma cikakken graf ne mai sunayen layuka da ma'auninsa na kansa, kamar `zana_ruwa` na sama, `subplots` ya fi aminci nesa ba kusa ba, don in ba haka ba ka kira shi sau biyu sai sandunan Tanut su hau kan na Magarya a fili ɗaya, kuma babu saƙon kuskure ko ɗaya da zai fito ya gaya maka, sai ranar da mushe, wato malaminka, ya duba hoton ya tambaye ka me ya sa Agusta ke da kala biyu.

Akwai kuma abin da ke ɓoye wannan matsala. A Jupyter, inda ake rubuta kod a gudanar da shi sel bayan sel, yadda aka saba amfani da shi, kowane sel in ya gama ana rufe shafukan da ya buɗe, saboda haka `gca` a sabon sel kullum sabon shafi yake samu, sai ka ɗauka kod ɗin lafiya yake. Ka kwashe shi ka zuba a fayil ɗin `.py` guda, babu mai rufe komai, nan ne zane ke taruwa a kan zane. Duk wanda ka zaɓa dai ka rubuta shi a bayanin fonksiyon ɗin, layi ɗaya ya isa.

Me zai hana in gajarta, in rubuta `def zana(x, y, ax=plt.gca())` kai tsaye?

Kada ka yi, ɗan uwa. Python sau ɗaya tak yake lissafa abin da ke bayan alamar daidai a layin `def`, lokacin da yake karanta fonksiyon ɗin, ba lokacin da kake kiransa ba. Wato tun kafin ka zana komai an riga an buɗe shafi, ko `import` kawai ka yi na fayil ɗin. Sannan duk kiran da za ka yi har abada filin nan guda za su yi ta hawa. A Jupyter alamar abin a fili take: farin graf marar komai ya fito ƙarƙashin sel ɗin da ka rubuta `def`, daga baya ka kira fonksiyon ɗin ba ka ga komai ba, domin yana can yana zane a shafin da aka rufe tun ɗazu. `None` ake sawa, a yi zaɓin a ciki.

`ax = ax or plt.gca()` fa? Na ga ya fi gajarta kuma yana aiki.

Yana aiki in fili ɗaya aka ba ka. Amma in wani ya miƙo maka `axs` gaba ɗaya, wato jerin filaye na NumPy, zai faɗi da `ValueError` yana maganar gaskiya ko ƙaryar jeri, saƙon da ba shi da alaƙa da zane ko kaɗan, mutum ya ɓata awa yana neman laifi a bayanansa. `if ax is None` layi ɗaya kawai ya ƙara, shi nake so ka saba da shi.

Na miƙa `ax` daidai, zanen ya fito inda nake so, amma take da sunayen layuka duk sun tafi graf na ƙarshe. Me ya faru?

Wannan ita ce tambayar da ta fi kowace zuwa, kuma amsar kullum ɗaya ce: akwai `plt.` da ya rage a cikin fonksiyon ɗinka. Ka rubuta `ax.bar(...)`, madalla, amma a ƙasa ka bar `plt.title(...)` da `plt.xlabel(...)`. Su waɗannan ba ruwansu da filin da aka ba ka, filin da `pyplot` ke riƙe da shi suke bi, kuma bayan `plt.subplots(1, 3)` wanda yake riƙe da shi shi ne na ƙarshe da aka ƙirƙira, na hannun dama. Shi ya sa taken Magarya da na Mirya da na Tanut duk suka bi layi suka faɗa wuri ɗaya, kowane yana goge na gabansa.

Gyaran shi ne da zarar ka wuce `if ax is None` kada `plt.` ya sake fitowa. `plt.title` ya koma `ax.set_title`, `plt.xlabel` ya koma `ax.set_xlabel`, `plt.xlim` da `plt.ylim` su koma `ax.set_xlim` da `ax.set_ylim`. `legend` da `grid` da `axhline` sunansu ɗaya a ɓangarorin biyu. Wanda ke ba mutane wuya shi ne karkata sunayen watanni don kada su cakuɗe, `plt.xticks(rotation=45)`, shi kuma `ax.tick_params(axis="x", labelrotation=45)` ne madadinsa. In ka gama, ka yi binciken kalmar `plt.` a fayil ɗin da idonka.

Wasu suna bin ta gajeriyar hanya su sa `plt.sca(ax)` a farkon fonksiyon don tsofaffin `plt.` su bi filin. Yana aiki, amma ka canza wa mai kiranka filin da yake kai ba tare da ya sani ba, layinsa na gaba sai ya sauka wani wuri. Ban yarda da shi ba sai a tsohon kod mai tsawo da babu lokacin gyarawa.

Zan iya sa `plt.show()` da `savefig` a ƙarshen fonksiyon don in huta da maimaitawa?

A nan ne nake daɗewa da mutane, domin in ka gane wannan sauran duk za ka iya gano su da kanka. Wanda ya buɗe shafi shi ke da shafin. In an miƙo maka `ax`, kai kamar mai fenti ne da aka kira ya shafe ɗaki ɗaya a gidan mutane, ɗakin nan kaɗai aka ba ka, ba ka da hurumin kulle ƙofar gida ko matsar da katangar maƙwabcin ɗaki. Nuna shafi da ajiye shi da rufe shi da gyara tazarar da ke tsakanin filaye duk aikin mai shafin ne.

Ka duba abin da `plt.show()` ke yi a misalin garuruwa uku. An zana Magarya, fonksiyon ya ce a nuna, sai shafin ya fito da graf ɗaya da farare biyu. A fayil ɗin `.py` kod ya tsaya cik har sai ka rufe tagar, kana rufewa kuma `pyplot` ya saki shafin, Mirya da Tanut ana zana su inda ba mai gani. Irin wannan ne ma ke sa mutum ya yi `plt.savefig` bayan `plt.show()` ya samu farin hoto, domin shafin da ya gani ya tafi, `pyplot` ya buɗe sabo marar komai ya ajiye mishi. `savefig` a cikin fonksiyon shi ma haka, yana ajiye shafin tun ba a gama shi ba, sau uku, da suna ɗaya. `plt.tight_layout()` bai kai su ɓarna ba amma shafi duka yake taɓawa, yana iya ɓata tsarin da mai shafin ya zauna ya yi da hannu.

Har da `set_ylim` sai ka yi hattara. In mai kira ya sa `sharey=True`, filayen uku ma'auni ɗaya suke rabawa, to in fonksiyon ɗinka yana cewa `ax.set_ylim(0, max(ruwa))`, kiran ƙarshe shi ke yanke wa kowa hukunci, Tanut mai ƙarancin ruwa ya zo ƙarshe ya yanke kawunan sandunan Magarya, kuma wallahi graf ɗin zai fito tsaf kamar ba abin da ya same shi, alhali ƙarya yake faɗa. Irin wannan ya fi saƙon kuskure haɗari, domin yana iya shiga rahoto ya wuce.

In maimaitawar ce ta dame ka, raba aikin biyu. Fonksiyon ɗaya mai zane kawai, wani ƙarami a samansa mai buɗe shafi ya kira shi ya ajiye ya rufe:

```python
def ajiye_ruwa(watanni, ruwa, fayil):
    fig, ax = plt.subplots(layout="constrained")
    zana_ruwa(watanni, ruwa, ax=ax)
    fig.savefig(fayil, dpi=200)
    plt.close(fig)
```

Shi wannan na biyun shi ya buɗe, saboda haka yana da ikon rufewa.

Na ƙara `figsize` a fonksiyon ɗin amma wani lokaci ba ya yin komai.

Haka ya kamata. Girma na shafi ne, ba na fili ba. In kai ka buɗe shafin sai ka yi `plt.subplots(figsize=figsize)`, in ba a faɗa ba Matplotlib ya ba da inci 6.4 da 4.8 nasa. In an miƙo maka `ax` kuwa shafin ya riga ya samu girmansa, sai ka ƙyale shi, ka rubuta a bayani cewa `figsize` ba ya aiki tare da `ax`. Kada ka je ka yi `ax.figure.set_size_inches` a bayan idon mai shi.

Me ya kamata fonksiyon ɗin ya dawo da shi, `fig` ko `ax` ko duka biyun?

`ax`, kuma kullum shi, ko an ba ka ko kai ka buɗe. Da shi mutum zai ƙara take, ya canza ma'auni, in shafin yake so `ax.figure` yana nan. Abin da ba na so shi ne fonksiyon da ke dawo da abu biyu yau, gobe abu ɗaya, gwargwadon yadda aka kira shi, wannan wahalar da mai amfani ne kawai. In kana tsammanin za a so a taɓa abin da aka zana ɗin kansa, misali a canza kalar sandar Agusta ita kaɗai, kana iya dawo da abin da `ax.bar` ya bayar, haka Matplotlib da kansa yake yi. Zaɓi ɗaya dai ka tsaya a kai.

Ƙaramin abu ga wanda ya yi nisa: tun daga Matplotlib 3.4 akwai `SubFigure`, shafi cikin shafi, kuma in filin a cikinsa yake, `ax.figure` shi zai ba ka, shi kuwa ba shi da `savefig`. Ƙarin dalili ke nan na barin ajiya a hannun wanda ya buɗe.

Wannan `**kwargs` ɗin me yake yi, kuma me ya sa yake ce min na ba da `color` sau biyu?

Yana tattara duk abin da mai kira ya ƙara, kala, kauri, `label`, ya wuce da su zuwa `ax.bar` ba sai ka jera su ɗaya bayan ɗaya ba. Kuskuren da ka gani yana zuwa ne in ka rubuta `ax.bar(x, y, color="steelblue", **kwargs)` sannan wani ya kira da `color="green"`, sai Python ya ga `color` biyu ya yi `TypeError`. Ka sa `kwargs.setdefault("color", "steelblue")` kafin zanen, naka ya zama na ko-ta-kwana, in mai kira ya kawo nasa shi ke ci. Sai dai Matplotlib yana da gajerun laƙabi, `lw` da `linewidth` abu ɗaya ne, in ka sa wannan shi ya kawo wancan za su yi karo. In fonksiyon ɗin naka ne kai kaɗai kada ka damu, in na jama'a ne akwai `matplotlib.cbook.normalize_kwargs` don daidaita su.

In kuma abu biyu kake zanawa, sanduna da layi, `kwargs` ɗaya ba zai ishe su ba, don abin da sanda ke karɓa ba lallai layi ya karɓa ba. Ka ba kowane nasa, `bar_kws=None` da `line_kws=None`, kamar yadda `regplot` na seaborn ke da `scatter_kws` da `line_kws`. Nan ma `None` za ka sa a layin `def`, ba `{}` ba, dalilin ɗaya ne da na `plt.gca()`.

`'numpy.ndarray' object has no attribute 'bar'`. Ban gane ba, ai `ax` na ba shi.

Jerin filaye ka ba shi, ba fili ba. `plt.subplots()` yana canza irin abin da yake bayarwa: fili ɗaya in 1 da 1 ne, jeri miƙaƙƙe in layi ɗaya ne ko ginshiƙi ɗaya, tebur mai layi da ginshiƙi in 2 da 2 ne ko fiye. A na ƙarshen `axs[0]` layi ne guda na filaye, sai ka ce `axs[0, 1]`, ko ka bi su duka da `axs.flat`. Jihar Damagaram tana da departama 10, in kana zana su a 2 da 5, `zip(axs.flat, sunaye)` ya gama maka aiki. In yawan filayen daga bayanai yake zuwa, yau ɗaya gobe huɗu, sa `squeeze=False`, kullum tebur zai ba ka ko da fili ɗaya ne, `for` ɗinka ba zai karye ba.

Graf ɗina fili biyu yake bukata, ruwa a sama zafi a ƙasa. Yaya `ax=None` zai yi a nan?

Hanyar da ta fi min ita ce ka fasa shi, `zana_ruwa` da `zana_zafi` kowane da `ax` nasa, sai na uku ya buɗe shafi ya haɗa su. In dole sai guda ɗaya, ka karɓi `axs=None`, ka duba cewa biyu ne cif aka ba ka, in ba haka ba ka tayar da `ValueError` da bayani mai kyau da mutum zai karanta ya gane nan take.

In kuma a fili ɗaya kake so, sandunan ruwa a ma'aunin hagu da layin zafi a na dama kamar yadda ƴan jogarafi ke yi, `ax2 = ax.twinx()` ne. Wannan halal ne don daga filin da aka ba ka ya tsiro. Amma ka dawo da su biyun, `return ax, ax2`, in ba haka ba mai kira ba shi da hanya mai sauƙi ta taɓa ma'aunin dama. Ka sani kuma kowane kira sabon tagwai yake haifarwa, ka kira sau biyu a fili ɗaya lambobin dama su hau kan juna, sannan bayan `twinx` filin da `pyplot` ke riƙe da shi ya koma na biyun, wanda ke da ragowar `plt.` a nan ma zai sha mamaki.

Sandar kala ta taswira ma daga shafin filin ake neman ta, `ax.figure.colorbar(hoto, ax=ax)`. Tana cin wuri daga jikin filin da ka ambata, don haka ka ba mai kira damar cewa ba ya so, wataƙila sanda ɗaya yake son yi wa taswirori shida.

Na ba `sns.relplot` `ax` ya ƙi, ya buɗe nasa shafin daban.

Seaborn kashi biyu ne. `relplot` da `displot` da `catplot` masu shafi ne, su ke buɗe nasu su tsara filayensu, ba sa shiga filin wani. A cikin fonksiyon mai `ax` sai ka ɗauki ƙannensu: `scatterplot` ko `lineplot` a madadin `relplot`, `histplot` ko `kdeplot` a madadin `displot`, `boxplot` ko `barplot` a madadin `catplot`. Kuma ko su ɗin kada ka manta da `ax=ax`, haka `df.plot(ax=ax)`, mantuwar nan ita ke haifar da shafi biyu, ɗaya fari ɗaya mai zane.

Ina zana farashin tiyar hatsi na kasuwanni da yawa a `for`, sai gargaɗi ya fito cewa an buɗe shafi fiye da 20, kwamfuta kuma ta yi nauyi.

`pyplot` yana riƙe duk shafin da aka buɗe ta hannunsa har sai an ce ya rufe, ko da kai ka daina amfani da shi. 20 ɗin iyakar gargaɗi ce da ke cikin `figure.max_open_warning`, kuma ƙara lambar ba magani ba ne, rufe baki ne kawai, ram ɗin na ci gaba da cika, ga kwamfutocinmu da yawa ba wani ƙarfi gare su ba balle a zafin Afrilu. Wannan shi ne kuɗin da `subplots` ke caja, kowane kira shafi ɗaya. Bayan ka ajiye sai `plt.close(ax.figure)`, ko ka yi amfani da `ajiye_ruwa` irin na sama. Wanda ke haɗa graf a bayan shafin intanet kuwa gara ya bar `pyplot` gaba ɗaya, ya yi `fig = Figure()` daga `matplotlib.figure` sannan `ax = fig.subplots()`, kuma fonksiyon da ba ya taɓa `plt.` bayan an ba shi `ax` zai yi aiki a can ba tare da ka canza harafi ɗaya ba.

Yaya zan tabbatar fonksiyon ɗina na bin filin da aka ba shi, ba sai ranar da abu ya ɓaci ba?

Gwaji ɗaya nake ba kowa. Buɗe fili biyu, ka miƙa na farko, na hagu, domin shi ne wanda `pyplot` ba ya riƙe da shi, sannan ka duba na biyun ko wani abu ya faɗa ciki:

```python
fig, (a, b) = plt.subplots(1, 2)
adadi = len(plt.get_fignums())
amsa = zana_ruwa(watanni, ruwa, ax=a)
assert amsa is a
assert not b.has_data()
assert b.get_title() == "" and b.get_ylabel() == ""
assert len(plt.get_fignums()) == adadi
```

Layin ƙarshe yana kama fonksiyon da ke buɗe shafi a ɓoye ko yana rufe na mutane. In babu allo a inda kake gwajin, `matplotlib.use("Agg")` a farko. Gwaji da fili ɗaya kaɗai ba ya nuna komai, don a nan `plt.` da `ax.` wuri ɗaya suke sauka.

To malam, in abin na da rikici haka, me zai hana in sa `ax` ya zama dole kawai?

Babu abin da ya hana, kuma ba ƙaramar shawara ba ce. Jagorar Matplotlib ita kanta, inda take nuna yadda ake rubuta fonksiyon na taimako, `ax` ta sa a farko a matsayin dole. MATLAB ma in za ka faɗi fili a farko ake sa shi, `plot(ax, x, y)`. In fonksiyon ɗin na cikin gida ne, wanda wasu fonksiyon naka ke kira, ka sa shi dole, ka huta da tambayar `gca` ko `subplots` ɗungurungum. `ax=None` amfaninsa ga wanda mutum zai kira da hannu ne, yana zaune gaban Jupyter yana son ya leƙa bayanai da layi ɗaya kafin kuran ya ɗauke, ko abokin aikinka da bai san `subplots` ba tukuna. Yawanci biyun nake haɗawa a aiki ɗaya, ƙananan na ciki da `ax` dole, na waje da jama'a ke gani da `ax=None`, shi ya yi zaɓin sau ɗaya a bakin ƙofa ya miƙa filin ga na ciki.